Gwaggo Ladi Ba Ta Taɓa Kiran Sunana Ba

Shekara goma sha ɗaya ke nan da aka kai Gwaggo Ladi makwancinta. A irin wannan lokaci ne, damina ta yi tsakiya, makarantu sun tashi babban hutu. Duk shekara nakan ce zan rubuta wani abu a kanta a wannan fili, duk shekara kuma in ɗauki biro in ajiye. Ba abin faɗa na rasa ba. Sunan da zan kira ta da shi ne ya gagare ni.

Bari in warware wa mai karatu tun da wuri, kada in jefa shi cikin ruɗun da na daɗe ina iyo a ciki. Gwaggo Ladi ita ta haife ni. Ni ce 'yar farinta, kuma daga ni Allah bai sake ba ta haihuwa ba. Mahaifina ya rasu ina goye, sai yayanta, wanda nake kira Baba, ya ɗauke ni bayan yaye ya kai wa matarsa Umma a Tudun Wada, na tashi cikin 'ya'yansu. Su suna kiran ƙanwar ubansu Gwaggo, ni ma na bi sahu. Ita kuwa mutuniyar da ce, irin waɗanda suka riƙe kunyar ɗan fari tamkar farilla. Ba ta yi mini wasa, ba ta haɗa ido da ni a gaban mutane, sunana kuwa ko da kuskure bai taɓa fitowa daga bakinta ba. Sunana Maimuna, amma a wurinta ni ce "ke", in an matsa mata kuma "'yar Tudun Wada". In wata Maimunar ta faɗo cikin hira, sai ta kewaye ta ce "mai sunan yarinyar nan". Tambayar da na yi shekaru ina ɗauke da ita guda ɗaya ce, kuma ina jin kunyar rubuta ta da furfura a kaina: matar nan ta so ni kuwa?

An ce kowa ya tuna bara bai ji daɗin bana ba. Ni dai ban san ko bana ce ba ta yi mini daɗi ba, ko kuwa barar ce ta ƙi sakina. Abin da na sani shi ne, da zarar ruwan Agusta ya fara dukan kwano, sai in ga kaina a Makera.

Kowane babban hutu can ake tura ni. Baba ya sa ni a bas da ƙullin kayana, mu haye gada, kogin Kaduna ya cika ya yi ja yana tafe da rassan itace, ni kuma in runtse ido har sai an ce mun haye. Gwaggo tana zaune a wani gidan haya mai ɗakuna jere, famfo ɗaya, tsakar gida ɗaya, igiyar shanya ɗaya da ake faɗa a kanta kullum. Ɗakin da ke manne da nata na Maman Rifkatu ne, mutuniyar wajen Zonkwa, Kirista, mai dariyar da ake ji daga bakin titi. Su biyun duk a masaƙa suke aiki a Kakuri, lokacin da jiniyar masaƙa ce agogon unguwa. Rifkatu, 'yarta, sa'ata ce. Ita ta koya mini kamun shinge bayan ruwa, ta koya mini satar ɗanyar gwaiba, da wasu kalmomin Turanci da Umma ta wanke mini baki a kansu da na koma gida.

Aikin dare Gwaggo take yi. Haka na taso na gani, haka kuma na ɗauka rayuwarta take shekara da shekaru. In za ta tafi sai ta leƙa ɗakin maƙwabciyarta ta ce, "Ga 'yar Tudun Wada nan," shi ke nan, a can nake kwana tare da Rifkatu. Da safe Maman Rifkatu ta fita nata aikin, Gwaggo kuma ta dawo, ɗankwalinta duk ɓurɓushin auduga, ta yi barci har kusan azahar. Wannan abu ya ci mini rai ƙwarai. Nakan ce a zuciyata, an turo ni wurinta daga wata unguwa, amma ko ɗaki ɗaya ba za mu kwana ba.

Daga azahar zuwa la'asar kuwa, nan duniyar take. Hadari ya haɗo daga gabas, iyaye mata su kwashe shanya da gudu, mu yaran gidan mu tattaru a ɗakin Gwaggo da dafaffiyar gyaɗa a murfin kwano. Sai ta gyara zama ta ce, "Ga ta nan, ga ta nanku." Tsofaffin gidan ba su so haka ba. Kowa ya san ba a tatsuniya da rana, an ce wanda ya yi ko ya saurara ɓata zai yi a kasuwa, sai fa in an ɗaure ta. A ƙauye a jikin bunun ɗaki ake ƙulla ta. Makera kuwa ina bunu? Sai Gwaggo ta zaro zare ɗaya daga cikin waɗanda suka maƙale mata a tufafin aiki, ta ƙulla shi a ƙusar bayan ƙofa, ta ce, "Na ɗaure ta da zaren kamfani. Wanda ya ɓata bayan wannan, dama can ɓatacce ne." Kafin hutu ya ƙare ƙusar nan ta yi gemu.

Tatsuniyoyinta ba irin na kakanni ba ne sak. Namun dajinta duk 'yan Kaduna ne. Akwai kunkurun da kwandastoci suka ƙi ɗauka saboda ba ya saurin hawa mota. Akwai akuyar da ta je ɗinkin salla wurin tela, tana jira tana cinye ƙyallayen mutane. Wadda muka fi so ita ce ta kurar da ta samu aiki a masaƙa, aka ba ta gadin kwanukan abincin ma'aikata. In Gwaggo ta zo inda kura ke rantsuwa da kabarin kakanta cewa ita azumin nafila take yi, sai ta maƙe murya ta langaɓe kai, mu kuwa mu yi ta birgima a ƙasa. Da ladan ya kira la'asar take tsayawa, ko da kura ta ɗaga murfin kwano ne, sai kuma gobe.

To amma ga yadda zaman yake. Rifkatu ce a cinyarta, tana yi mata kitso tana ba da labari. Sauran yara sun kewaye ta. Ni kuwa wurina bakin ƙofa ne, kusa da robar da ake tara yoyon rufi, in ta cika in zubar in dawo. Duk tatsuniyoyin nan daga gefen fuskarta na ji su. In ta yi tambaya, "Wa ya san abin da kura ta ce?" sai ta bi yara da suna ɗaya bayan ɗaya, Rifkatu, Bala, Talatu, Iliya, in ta zo kaina ta tsallake kamar an zo rami. An ce labarin zuciya a tambayi fuska. Ni wace fuska zan tambaya, ga ta an kawar da ita?

A bakin famfo na san gaskiya, ina 'yar shekara tara ko goma. Muna layin ɗibar ruwa Rifkatu ta dube ni ta ce, "Muna, wai me ya sa kike ce wa mamanki Gwaggo?" Ba da mugunta ta faɗa ba. Su a gidansu uwa takan rungume ɗan farinta a gaban kowa, abin namu ne ya ɗaure mata kai. Na ce ƙarya take yi, na watsa mata ruwa, muka yi dambe. Da na koma Tudun Wada na tambayi Umma, ta ce, "Au, da ba ki sani ba?" ta ci gaba da tankaɗenta. Ashe ba wanda ya ɓoye, ba kuma wanda ya ga dalilin faɗa. Hutu na gaba na koma Makera ina jiran wani abu ya canza tunda yanzu na sani. Aka nuna mini robar yoyo.

Na girma, na yi karatu, na zama malamar makaranta, na kuma ɗaukar wa kaina alkawari ba zan yi wa nawa ɗan farin haka ba. Da na haifi Amira sai na zame wa dangi abin kallo. In ɗauke ta a gaban surukai, in kira sunanta sau ashirin kafin azahar. Gwaggo ta zo suna, ta gan ni ina shayar da Amira a tsakar gida, ta kawar da kai ta ce wa bango, "'Yan boko dai ba kunya." Amma ita ɗin ce ta karɓe jaririyar ta hana kowa. Jika ba kunya a tsakani, sai ga matar da na sani da ɗaurarriyar fuska tana rawa, tana waƙa, tana "Amira ƙawata, Amira ta gidana." Wallahi na ji kishin 'yar da na haifa da cikina. Na shiga ɗaki na yi kuka, mutane suka ɗauka zafin jego ne.

Nakan tambayi kaina me za ta ce da ta ga yau. Masaƙar da ta ba wa ƙuruciyarta ta yi shiru, ciyawa ta fi mutum tsawo a harabarta, jiniya ta daɗe da mutuwa. Gidajen haya irin namu, inda ake aika wa juna tuwon salla da shinkafar Kirsimeti, rikice-rikicen garin nan sun tankaɗe su, kowa ya koma inda nasa suka fi yawa. Iyaye mata kuma yanzu hoton ɗan fari suke ɗorawa a waya su rubuta "rabin raina" duniya ta gani. Na san za ta riƙe baki. Amma ban da tabbacin mu ne muka ci riba. Ni da nake kiran Amira sau ashirin, sau goma sha tara kanta na sunkuye a waya, sai in ji "uhm" kawai. Gwaggo ba ta kira ni ko sau ɗaya ba, amma ko tari ta yi ina ji daga bakin famfo. To wa ya fi wani kusa da 'yarsa? Ni dai lissafin ya ƙi fitar mini.

Jinyarta ba ta yi tsawo ba, kwana tara ne a asibiti, ni ce a kanta. Ranar ƙarshe da hantsi ta buɗe ido ta dube ni, duba na sosai, irin wanda ban saba samu ba. Na ce yau dai za ta faɗa, ba kowa a ɗakin sai ni da ita, wa za ta ji wa kunya? Ta motsa baki ta ce, "Ke, ɗan ba ni ruwa." Na ba ta. Kafin azahar ta cika. Na yi mata addu'a, ina kuma yi har gobe, amma ba zan ɓoye ba, da ɗan ƙulli a raina nake yi.

Abin da ya tayar da zancen bana shi ne aikin hutu da aka ba su Amira a makaranta: kowa ya rubuto tatsuniyar da ya ji daga bakin wani babba. Ta ɗauko waya za ta nemo. Na ce ba a gidan nan ba, uwarki tatsuniya ta ci ta girma. Na gyara zama na kama ta kura da kwanukan abinci, tiryan-tiryan har inda shugaban ma'aikata ya shigo ya tarar da ita da miya a gemu. Daga nan sai kaina ya ɗauke ɗif. Na juya, na juya, ƙarshen ya ƙi zuwa. Amira ta ce, "Mama, ko dai in duba wayar?"

Abin ya tsaya mini a rai har na shirya takanas na tafi Makera neman Rifkatu, wadda rabona da ita ya fi shekara ashirin. Na kuwa ɓata. Unguwar da na sani kamar tafin hannuna, sai ga ni ina zagaye layi ɗaya sau uku, mai Keken da ya ɗauko ni yana tambayata ko baƙuwa ce. Na ce a raina, to Gwaggo, yau dai zaren kamfani ya tsinke. Da ƙyar na gane gidan, an rushe gabansa an yi shaguna, ɗakinta ya zama wurin cajin waya. Wata tsohuwa mai gasa masara a bakin layin ce ta tuna da su Maman Rifkatu, ta ce sun daɗe da komawa Sabon Tasha, amma Rifkatu tana da rumfar yadi a kasuwar Kakuri.

Tun daga nesa ta gane ni. Ta yi ihu, ta rungume ni har mayafina ya faɗi, dariyar uwarta sak. Muka yi gaisuwa, muka yi wa juna ta'aziyyar waɗanda aka rasa, har da mamanta da ban ji rasuwarta ba. Sannan na faɗa mata abin da ya kawo ni, na kuma ƙara da zolaya cewa ai ita ce 'yar gaban goshi, ita da ke shan tatsuniya shekara zagaye, dole ta fi ni riƙewa.

Ta saki almakashi ta dube ni. "Wane shekara zagaye? Muna, ke fa har yanzu ba ki da wayo. In kin tafi ai shi ke nan, an rufe shago. Mu yi ta roƙo, Mama Ladi a yi mana ko ɗaya, ta ce tatsuniya ta tafi makaranta, sai an yi hutu. Mu fa albarkacinki muke ci. Shi ya sa in an kusa hutu muke ta tambaya yaushe za ki zo, kin ɗauka son ki muke yi?"

Na ce ai ba mamaki, mai aikin dare kullum ina ta ga ƙarfin surutu.

"Wane aikin dare kullum? Aikin safe take yi. Mamana ce layin dare ke faɗowa a kanta. Duk lokacin da za ki zo sai su je wurin oga su yi musanya, Mama Ladi ta karɓi dare, mamana ta koma safe. Wata biyu cur tana tsaye a kan inji ido biyu, don ta wuni a gida. Ke kina ina aka yi duk wannan?"

Ina bakin ƙofa, kusa da robar yoyo. Aka fara ruwa, muka ja yadudduka ciki, na zauna a kan benci ina kallon kwata tana gudu. Ƙarshen tatsuniyar ma da ta ba ni bai zauna mini ba. Ita ta ce korar kura aka yi, ni kuma wani abu a raina yana ce mini ƙarin girma aka yi mata, domin Gwaggo takan ƙare labari ne da dariya mai ɗaci. Amira dai duka biyun ta rubuta, ta ce malaminsu ya zaɓa.

Da a nan zancen ya tsaya, da na rubuto muku labari mai daɗi, uwa ta sayar da barcinta don ta wuni da 'yarta. Amma ƙafata ta kai ni Tudun Wada wurin Umma, wadda tsufa ya kama amma bakinta na nan da kaifinsa. Na kwashe duka na faɗa mata ina jiran ta share hawaye. Sai ta taɓe baki ta ce, "Ladi? Kunya ce ta kore ta. Ɗaki ɗaya, gado ɗaya, ta yaya za ta kwana da 'yar fari a gefenta? Gara mata inji." Na ce to tatsuniyar fa? Ta ce, "Yara sun cika mata ɗaki saboda ke, da me za ta zaunar da su?" Na tambaye ta ko Gwaggo ta taɓa cewa a turo ni. Ta ce ko sau ɗaya. Saƙonta dai duk shekara guda ne, wai damina ta sauka, ɗakinta na yoyo, in akwai yarinyar da ba ta aikin komai a turo ta tara mata ruwa. "Mu kuma muna da yara mata huɗu," in ji Umma, "amma mun san wadda ake nufi."

To ga ni nan tsakanin mata biyu da suka san ta fiye da ni. Ɗaya ta ce don ta gan ni ta karɓi aikin dare, ɗaya ta ce don ta guje ni. Na auna wannan, na auna wancan, kowanne ya zauna daram. Wataƙila ma duka biyun gaskiya ne, wataƙila a wurin mata irin su Gwaggo so da gudu tare suke tafiya, ni ce karatun boko ya koya mini raba su. An ce shiru ma magana ce, amma ba a gaya mana yadda ake fassara ta ba in mai shirun ya riga ya tafi.

Har na miƙe zan tafi Umma ta jefo mini wadda ta fi duka nauyi. Ta ce, "Kin ishe mu da ba ta kira ki ba, ba ta kira ki ba. Ita al'ada ta ɗaure mata baki. Ke me ya ɗaure naki? Tun kina 'yar shekara goma kika san ko ita wace ce. Ni ban hana ki ba." Na ce ko ta taɓa nuna tana jira? Umma ta ce, "Oho. Ladi ce fa. Wa ya san cikinta?"

Wannan ban taɓa tunaninsa ba, Allah shi ne shaida. Shekara kusan talatin ina tsaye ina jiran kalma ɗaya daga bakinta, ban taɓa kawowa a raina cewa ita ma tana iya kasancewa a tsaye tana jiran ɗaya daga nawa ba. A asibitin nan ma, da ba kowa sai mu biyu, da ta ce in ba ta ruwa, "Ga shi, Gwaggo" na ce.

Me ya rage nata a duniya? Ba gida, ba masaƙa, hotonta ma guda ɗaya ne, na katin aiki. Akwai tatsuniyoyi rabi da rabi a kan wasu mutane da suka warwatsu a unguwannin da ba sa ziyartar juna. Akwai wata mai sayar da yadi a Kakuri da har yau take ce mata Mama ba tare da ta yi shawara da kowa ba. Sai kuma ni, da ban samu amsar tambayata ba, na dai gano ba ni kaɗai ke da abin tambaya ba. Ita ba za ta ƙara samun damar gyara nata ba. Nawa ne ya rage, ga shi kuma na makara da shekara goma sha ɗaya.

Allah ya jiƙan Innata, ya kai haske kabarinta. Na rubuta kalmar na tsaya ina kallonta, hannuna bai saba da ita ba, har wata kunya nake ji kamar za ta leƙo ta ce 'yan boko ba kunya. Amma ba zan goge ba.